Neman Fuskar Malam Barnaba a Maryland

Arlington, kafin gari ya waye

Ƙarfe biyar saura minti goma na asubar Asabar na ja ƙofar ɗakina a Arlington, jaka a baya, fayil a hammata. Ƙarfe tara aka ce mota za ta ɗauke ni a tashar Largo, tafiyar kuma ba ta kai awa ɗaya a jirgin ƙasa ba. Sai dai ni in an ba ni lokaci, nakan ƙara awa biyu don tsoron makara, in sake ƙara ɗaya don tsoron kada biyun su gaza. Da na isa tasha na tarar da ita a kulle. Jadawalin da na buga, har na ja masa layi da jan biro, na ranakun aiki ne. Ranar Asabar ba a buɗewa da wuri haka. Na zauna a kan benci ni kaɗai, ina tilawar abin da zan faɗa.

Bari in gaya wa na gida abin da ya fito da ni. Gundumar cocinmu, wadda ke bin tsarin Firesbiteriyan, wato majalisar dattawa ce ke riƙe da al'amuranta, tana haɗa littafin tarihinta. A cikin wani tsohon akwati a ofis aka samo hoto ɗaya na ranar da 'yan mishan suka miƙa gundumar a hannun 'yan ƙasa: Turawa biyu a zaune, mutanenmu tara a tsaye, a ƙofar tsohuwar majami'ar Rafin Ɗinya. A bayan hoton an rubuta sunayen Turawan cikakku, sauran kuma aka ce "da mataimaka". Kakana na wajen uwa, Malam Barnaba, shi ne magatakardan gunduma na farko, don haka babu yadda za a yi a ce ba ya wurin. Ya rasu Mama tana da shekara huɗu. Ba ta tuna fuskarsa, ba mu kuma da hotonsa ko ɗaya. Ran da aka nuna mata wannan, ta ɗora yatsa a kan wani dogo mai hula, rungume da littafi a ƙirji, ta ce zuciyarta ta ba ta. Kafin Lahadi ta zagayo, duk zumuntar mata ta ji labari.

Rabaran, shugaban kwamitin littafin, ya ce shi ba zai buga suna don zuciyar wani ta ba shi ba, sai da shaida, kuma ranar Litinin za a kai aikin maɗaba'a. A iya saninsa, cikin waɗanda suka san mutanen nan ido da ido saura mutum ɗaya a raye, Dattijo Yohanna, wanda 'yarsa ta kwaso zuwa Maryland. Ni kuma ga ni ina karatun tarihi mil ashirin da 'yan kai daga gidansu. Haka aikin ya faɗo kaina.

Na shirya masa kamar jarrabawa. Tambayoyi talatin da bakwai, a buge. Kwafin hoton guda uku. Gilashin ƙara girman rubutu. Da kuma shafi huɗu da na cika, inda na auna kunnen dogon nan da rula na kwatanta da kunnen Mama, na tabbatar wa kaina jini ɗaya ne.

Largo

Jirgi ya bi ta ƙarƙashin kogi, ya ratsa tsakiyar Washington babu kowa ciki sai ma'aikatan asibiti masu gyangyaɗi, ya sauke ni a Largo, ƙarshen layi, bayan minti arba'in da shida. Duk da zaman bencin da na yi, na riga mai ɗaukata isowa da fiye da awa ɗaya. Na shiga wani shago na nemi shayi. Dala huɗu. Aka miƙo mini shi cike da ƙanƙara, ga ni ina rawar sanyin safe. Na dubi kofin, na dubi mai sayarwa, na yi mata godiya.

Ƙarfe tara da minti huɗu wata farar mota mai faɗi ta tsaya. Alhaji Issaka ke nan, mutumin Kumasi, aikinsa kai tsofaffi asibiti da dawo da su. Anti Saratu, 'yar Dattijo Yohanna, ita ta roƙe shi. Ya ce bai sha wahalar gane ni ba, don an ce masa ya duba wanda ya fi kowa nesa da mutane.

Hausarsa ta zango ce, mai sauri, ba ta jiran amsa, abin da ya yi mini daɗi ƙwarai. Da ya ji ɗan wace coci ne ni, ya yi dariya ya ce ai a makarantarmu ya yi firamare a Kumasi, shi da rabin yaran unguwarsu.

"Ticha, mutanenku ban taɓa ganin irinsu ba," in ji shi. "Ko tsintsiya za a saya, sai an zauna, sai an ɗaga hannu, sai an rubuta."

Na ce haka ne. Ita ce jimlata mafi tsawo tun daga Largo har muka isa.

Upper Marlboro

Mil tara da rabi, minti goma sha takwas. Hanya shimfiɗe, itatuwa kore shar, nan da can gonaki da dawaki a bayan shinge. Babu ɗan sanda ko ɗaya da ya tsayar da mu. Alhaji ya sauke ni a ƙofar wani gida mai jan bulo, ya ce zai dawo ƙarfe ɗaya ya mai da ni tasha.

Anti Saratu ta buɗe, mace mai kuzari, ma'aikaciyar jinya. Baba Yohanna yana falo a kujerarsa ta kusa da taga, da rigar sanyi a kan jamfa, sanda a gefe, littafin waƙoƙi a kan cinya. Na cire takalmi, na durƙusa na gaishe shi. Ya tambayi Mama, ya tambayi Rabaran, ya tambayi damina. Ya bi gidajen Rafin Ɗinya ɗaya bayan ɗaya, na raye da na mace, ina amsawa. Aka kawo koko da ƙosai. Aka ci gaba da gaisuwa.

A nan ne abin ya lalace. Ashe Mama da ta kira su cewa kawai ta yi ɗanta zai zo gaishe da Baba, ta bar mini sauran. Ni kuma an rene ni a kan cewa yaro ba ya buɗe wa babba baki da buƙata sai an tambaye shi. Baba shi ma mutumin dā ne, a wurinsa rashin kunya ne a tambayi baƙo abin da ya kawo shi. Muka zauna, kowa yana girmama kowa. Fayil yana kan gwiwata na danne shi da hannu biyu. Ƙarfe goma na ce a raina in ya gama wannan labarin zan fara. Ƙarfe sha ɗaya na buɗe baki, sai ya yi tari, na ce masa sannu, na rufe.

Anti Saratu tana ta leƙowa daga kicin tana duban fayil ɗin. Can na ji ta a waya tana gaya wa wata cewa akwai wani ƙanenta ɗalibi, mai hankali, ba ya magana, ko da aikin ƙarshen mako a gidan kula da tsofaffi. Ta kira mutum uku. Ta fito ta ce kada in damu, kowa da haka ya fara, in bar mata takardun nawa. Na ce na gode. Ban san me ya sa na ce na gode ba, amma kafin a sauke tuwon shinkafa da miyar kuka an riga an sa mini ranar ganawa da wata shugabar ma'aikata.

Ƙarfe ɗaya daidai Alhaji ya yi hon. Na yi sallama. Baba ya ce sai ya raka ni, ya miƙe da sandarsa a hankali har bakin ƙofa. Na sa takalmi ɗaya. Ina riƙe da na biyun, na tuna fuskar Mama, na tuna Litinin. Kowa ya san a wurin rakiya ake faɗin abin da aka kasa faɗa a zaune. Sai na ji bakina yana cewa, ina kallon ƙasa, "Baba, dama akwai wani ɗan hoto."

Ya karɓa, ya ɗaga shi wajen haske, ya daɗe. Sannan ya dube ni.

"Shi ne tun safe kake zaune a kansa kamar kaza?"

Anti Saratu ta jingina da bango tana dariya, ta ce yanzu sai ta sake kiran mutum uku. Na zaro tambayoyina ina shirin fara ta ɗaya. Baba ya ɗaga hannu. Ya ce ya san su, duka taran, amma ba zai faɗa ba.

"A cocinmu dattijo ɗaya ba ya yanke magana, ɗana. Abin da na sani, sanin mutum ɗaya ne. In za a buga a littafin gunduma, sai an zauna."

A tsaye a bakin ƙofar nan, ni da takalmi a hannu, ya ba ni tarihin da babu shi a tambayoyina. Ya ce 'yan mishan ta kogi suka zo, suka ƙarasa da ƙafa. Da ɗakin shan magani suka fara, sai makaranta, sai ikilisiyoyi suka yi ta tsirowa a ƙauyuka har aka haɗa su gunduma ɗaya. Mutanen kirki ne, in ji shi, sun binne 'ya'yansu a ƙasarmu. Amma a zamaninsu abin da babban Baturen ya faɗa shi ke nan. Ya taɓa ɗauke makaranta ɗungurungum daga wani ƙauye ya kai wani, bai tambayi kowa ba, ƙauyen da aka bari suka yi shekaru ba sa taka majami'a. Saboda haka a ranar wannan hoto, shawara ta farko da sabuwar majalisa ta yanke ita ce ba za a cire Bature ɗaya a ɗora baƙin mutum ɗaya a kujerarsa ba. Kakana ne ya rubuta ta da hannunsa.

Na ce a hankali, to ai babu wani dattijon. Ya ce wa ya gaya mini? Rifkatu tana Mitchellville wurin ɗanta tun bara. Anti Saratu ta ce, Baba, kai da ka ce ba za ka ƙara zama taro da ita ba? Ya ce ai a gida ya faɗi wannan. A kawo masa hularsa.

Mitchellville

Mil goma sha ɗaya, minti ashirin da biyu. Baba a gaba, ni a baya. Alhaji ya ce ba shi da wani fasinja sai yamma, kuma ko yana da shi, ba zai bari wannan ya wuce shi ba. A hanya Baba ya gargaɗe ni cewa Mama Rifkatu ita ce mace ta farko da aka naɗa dattijuwa a ikilisiyarsu, kuma tun daga ranar bai ƙara cin gardama ba.

Gida ne babba a unguwa mai shiru, ciyawa a aske kamar kan ango. Anti Saratu ta riga ta yi waya, don haka mun tarar da ƙofa a buɗe. Baba ya shiga, Alhaji ya bi shi. Ni kuma na tsaya yadda na saba, rabin jikina a bayan ƙofa, ina jira a ce in shigo. Mama Rifkatu, 'yar ƙaramar tsohuwa mai farin ɗankwali da tabarau a wuya, ta bar gaisawa da Baba ta zuba mini ido. Ta daɗe tana kallona. Sai ta fashe da dariya har tana share hawaye da gefen zane.

"Shigo, angona," ta ce. "An jima za ka ji."

Alhaji ya shimfiɗa dardumarsa a falo ya yi azahar, muka jira shi. Sannan aka zauna a teburin cin abinci. Ban taɓa tsammanin da gaske za su yi ba. Aka yi addu'a, aka rera baiti ɗaya. Mama Rifkatu ta kawo shawara Baba ya zama shugaban taro, tunda shi ne babba, ya karɓa yana gyara hula. Aka naɗa ni magatakarda ba tare da an nemi ra'ayina ba. Alhaji aka ce a rubuta shi baƙo mai sauraro, ya ce a sa Alhajin, don da guminsa ya je.

Aka fara daga hagu. Suna faɗin suna ina rubutawa, kowane suna da jelarsa: mai bisharar da ya yi shekaru yana zagaya ƙauyuka bakwai da keke maras birki, malamin asibiti da ya fi Baturiyar mishan iya allura, dattijon da ya ba da gonarsa aka gina makarantar 'yan mata. A kan mutum na huɗu suka saɓa. Baba ya ce Malam Audu ne, Mama Rifkatu ta ce ƙanensa Garba ne, don Audu bai taɓa sa takalmi sau ciki ba a rayuwarsa. Aka ce a ɗaga hannu. Ta ɗaga. Baba zai ɗaga nasa, ta tuna masa cewa shugaban taro ba ya jefa ƙuri'a sai an yi kunnen doki. Ɗaya da babu, Garba ya ci. Baba ya sauke hannu ya dube ni.

"Ka ga abin da na gaya maka a mota? Shekara hamsin, da wannan dabarar take kama ni."

Da aka zo kan dogon mai hula, na nemi izinin magana. Ban san inda na samo ƙarfin hali ba. Na miƙe na karanta shafi huɗun nan kaf, tsawon kunne, faɗin kunne, yadda ya rabu da kai, da lambobinsu. A rayuwata ban taɓa yin magana mai tsawo haka a gaban manya ba. Suka saurara da ladabi har na kai aya ta ƙarshe. Baba ya gode wa magatakarda saboda ƙoƙarinsa, sannan ya ce:

"Wannan Malam Haruna ne, tela."

Mama Rifkatu ta ce ta goyi baya, wannan karon babu gardama. Musulmi ne, maƙwabcin mishan. Shi ya koya wa Turawan Hausa, a zaurensa aka riƙa yin sujada kafin a gina majami'a, har ya mutu kuma bai bar sallarsa ba. Littafin da ya rungume ba Littafi Mai Tsarki ba ne, littafin kalmomi ne da suka tara shi da Baturen. Dattawa ne suka aika aka kira shi ya shiga hoton. Alhaji ya ce Allah ya ji ƙansa, ya roƙa a rubuta cewa baƙo mai sauraro shi ma ya samu nasa a ciki. Game da kunne kuwa, Mama Rifkatu ta ce kowa a garin biyu gare shi.

Na zauna. Aka ƙarasa sauran, tara cif, babu Barnaba. Na ji teburin ya yi mini nisa. Ba kunyar shafi huɗun ce ta dame ni ba, ko da yake ita ma tana nan. Mama nake tunani, da yatsanta a kan hoton. Na ce, ke nan Kaka ba ya ciki.

Mama Rifkatu ta miƙo hannu ta karɓi gilashina. Ba a kan fuskoki ta ɗora shi ba. Ta kai shi can gefe, cikin duhun ƙofar majami'a, bayan mutum na ƙarshe, inda wani ɗan fari-fari yake. Na san wurin sarai. Sati biyu da suka wuce na rubuta wa Rabaran cewa tabo ne na tsufan takarda, na ba da shawara maɗaba'a ta goge shi.

"Duba da kyau," ta ce.

Na duba. Kafaɗa ce, cikin farar riga. Ga gefen aljihu, ga kan alƙalami.

Ta ce tana nan ranar, cikin 'yan waƙa. Sau uku aka kira kakana ya fito, yana cewa bari ya ƙarasa rubutun taro. Da aka matsa masa ya taso ya tsaya a bayan ƙofa, yana jira a sake cewa ya fito, mai hoto kuma ya gaji ya danna. Baba ya karɓe zancen. Ya ce Malam Barnaba in yana karanta rubutun taro, na kusa da shi ma ba ya ji, sai dai a miƙa wa wani ya karanta. Amma da rikici ya tashi tsakanin ikilisiyoyi biyu a kan fili, bayan Turawa sun tafi, har ana maganar gunduma za ta rabe, littattafansa aka buɗe, aka samu komai da rana da sunan wanda ya faɗa, magana ta mutu. Abu ɗaya ne ba a taɓa samu a littattafan ba. Bai taɓa sa kansa cikin jerin waɗanda suka halarta ba.

Mama Rifkatu ta jawo takardar da ke gabana, ta sa tabarau, ta duba jerin waɗanda suka halarta. Dattijo Yohanna, Dattijuwa Rifkatu, Alhaji Issaka. Ta miƙa wa Baba. Shi ma ya karanta, ya mayar mini, ya ce a ci gaba.

Taro ya yanke shawara a buga sunaye tara a jere, a ƙara layi ɗaya a ƙasa: a bakin ƙofa, kafaɗar Malam Barnaba, magatakarda na farko. Na ce zan rubuta wa Mama saƙo in na koma, in tsara shi a hankali. Baba ya ce magatakarda ne ke isar da shawarar taro, kuma kafin a tashi. Ƙarfe uku da minti ashirin ne, a gida takwas da ashirin, ba ta kwanta ba. Na kira, wayar tana tsakiyar tebur, mutum uku suna kallona.

Na gaishe ta. Na tambayi gida, na tambayi awaki, na tambayi ciwon gwiwarta. Mama Rifkatu ta ƙwanƙwasa tebur da gilashi. Sai na faɗa, duka, da telan da tabon. Sai Mama ta kira sunana.

"Iliya," ta ce, "ta dama ce ko ta hagu?"

Na sake dubawa. Na ce ta hagu.

"To, ita ce. A kanta nake barci in muna dawowa daga sujada. Fuskar ban riƙe ba, amma ina tuna alƙalamin nan yana sukata a kumatu."

 Alhaji ya tashi ya je duba motarsa, wadda babu abin da ya same ta. Can Mama ta ja hanci ta ce a wanke mata wajen, babba, za ta sa a firam. Zumuntar mata kuma in bar ta da su, ita za ta gaya musu da bakinta. Malam Haruna ya yi mata uba na sati uku, Allah ya saka masa. Daga nan Mama Rifkatu ta ɗauke wayar suka shiga hira, na ji tana ce wa Mama in fuskar take so, ta sa ɗanta ya tsaya a bayan ƙofa.

Aka rufe taro da addu'a ƙarfe huɗu saura kwata. Tambayoyina talatin da bakwai, ko ɗaya ban yi ba.

Komawa

Kafin mu fita Mama Rifkatu ta ce a yi hoto. Na yi wuf na ce ni zan ɗauka. Alhaji ya zare wayar daga hannuna, tsofaffin biyu suka kama ni, ɗaya a dama ɗaya a hagu, suka tsayar da ni a tsakiya. Na duba hoton a cikin jirgi. Su biyun sun fito tas suna murmushi. Ni kuwa ina kallon takalmina, fuskar ba ta fito sosai ba, amma kunnen ya fito sarai ga duk mai son aunawa.

Muka mai da Baba Upper Marlboro, inda Anti Saratu ta cusa mini tuwo a roba, ta ce ranar ganawar nan tana nan in na canja shawara. Alhaji ya ajiye ni a Largo biyar da kwata, ya ƙi karɓar ko kuɗin mai. Ya ce in littafin ya fito yana son guda, saboda telansa. Ƙarfe shida da minti ashirin da biyar na buɗe ɗakina a Arlington, rana ba ta ma faɗi ba. Ban cire takalmi ba sai da na aika wa Rabaran sunayen, da saƙo na biyu, gajere, cewa magatakarda ya janye shawararsa ta goge tabo.

Godiya ga Allah da ya kai ni ya dawo da ni lafiya. Godiya ga Baba Yohanna da Mama Rifkatu, Ubangiji ya ƙara musu kwana da gardama, ga Anti Saratu da ta nema mini aikin da ban roƙa ba, ga Alhaji Issaka da motarsa. Na sake kwafe rubutun taron da kyau don a ajiye a akwatin ofis. Waɗanda suka halarta yanzu huɗu ne. Na huɗun na ɗan rubuta shi ƙanana, amma yana karantuwa.